Na Gama Jami'a, Amma...

Akwai wani labari da na daɗe ina son rubutawa, kunya tana riƙe mini hannu, saboda ni ne marar gaskiya a cikinsa. To amma yanzu da mutumin da ya fi kowa haƙƙi a labarin ya riga mu gidan gaskiya, sai na ga idan na ci gaba da yin shiru na ci amanarsa. Labarin Kawuna ne, yayan mahaifiyata, da wani tsohon fim marar magana da aka yi a ƙasar Japan tun 1929, da kuma wata ƙarya da na yi wata bakwai ina goye da ita. Mai karatu zai ce me ya haɗa kifi da kaska? Ka yi haƙuri ka biyo ni, za ka ji.

Bari in fara da Kawu. Duk wanda ya yi wayo a Dutsin-Ma ko Kurfi kafin bidiyo ya shiga gidaje ya san majigi, yaran yanzu ne sai an yi musu bayani. Mota ce ta Ma'aikatar Watsa Labarai, takan iso gari da la'asar, ma'aikatan su fara zuwa gaisuwa wurin hakimi ko dagaci, sannan a sa mai shela ya zaga unguwanni. Bayan sallar isha'i sai a kafa farin ƙyalle a fili, a tayar da injin wuta, a kunna na'ura. Maza gefe guda, mata gefe guda, mu yara a gaba zaune cikin ƙura, masu gyaɗa da rake a baya da fitilunsu na aci-bal-bal. Ba a biyan ko kwabo.

Asalin abin na Turawan mulkin mallaka ne, sunan ma daga bakinsu aka aro shi, daga wata tsohuwar fitilar haska hoto a bango da suke kira majik lantan. Wani Bature jami'in kiwon lafiya da ya yi aiki a Legas, William Sellers, shi ya yi suna wajen amfani da fim don wayar da kan jama'a a kan annoba da tsabta, kuma da gwamnatin Ingila ta kafa sashen yin fina-finai domin ƙasashen da take mulka a 1939, shi ta ɗora a kai. Da Turawa suka tafi, gwamnatin Arewa ta gaji motocin. Kawu ya kama aiki a 1964, shi ya sa yakan ce gwamnati huɗu ya yi wa bauta: ta Arewa, ta Jihar Arewa ta Tsakiya daga 1967, ta Kaduna daga 1976, da ta Katsina daga 1987, alhali ƙauyukan da yake zagayawa su ne dai, ramukan hanyar ma su ne.

Majigi daban, sinima daban. Sinima ta birni ce, ta kuɗi ce, kuma tun da aka buɗe Rex a Kano a 1937 ba ta yi farin jini wurin iyaye da malamai ba, balle bayan gobarar sinimar El-Duniya ta 1951 wadda ta ci rayuka 331. Majigi kuwa da izinin hakimi yake zuwa, shi ya sa wasu mazajen har matansu sukan bari su leƙa. A nan mutanenmu suka ga Baban Larai, suka ga yadda ake feshin auduga, da yadda ake tace ruwa saboda kurkunu.

Aikin Kawu a motar nan shi ne bayani. Da yawa daga cikin fina-finan ba su da magana, masu maganar kuma Turanci ne, sai a rage musu murya a miƙa wa Kawu makirufo. Shi ne bakin namiji, shi ne bakin mace, shi ne bakin likita, wani lokacin har bakin jaki. Idan aka nuno mutum ya duƙa yana shan ruwan kududdufi, sai ka ji Kawu ya ce, "Ga Malam Ƙi-faɗi nan, an ce mashi ya tace, ya ce kakanshi bai tace ba." Fili ya kaure da dariya, amma da safe sai ka ga mata suna neman ƙyallen tata. Idan kuma aka sa na Charlie Chaplin don a jawo yara, Kawu ya mayar da shi baƙauyen da ya shiga birni ba shi da ko sisi. Ina ɗan shekara bakwai, a 1991, na ga aikinsa da idona, na kwana ina gaya wa yara cewa muryar nan da ke fitowa daga lasifika ta Kawuna ce. Ƙa'idarsa guda ce: ba ya yi wa fim bayani sai ya fara kallonsa tun daga farko har ƙarshe, bakinsa a rufe.

Daga nan zamani ya juya. Talabijin ta yawaita, bidiyo ya shigo, 'yan Kano suka fito da Turmin Danya a 1990, fim ya fara magana da Hausa da bakinsa. Kawu ya yi ritaya ya koma gonarsa ta hanyar Zobe da 'yan tumakinsa, sunan Mai Majigi kaɗai ya rage masa.

To ga nawa labarin. Na gama jami'a a 2010, na kammala hidimar ƙasa a 2012, na dawo gida da takardu a cikin leda. A lokacin an riga an buɗe Jami'ar Tarayya a garinmu tun 2011, gari ya cika da 'yan boko masu rataye da kati a wuya, ni ma na ɗauka matsayina ya wuce alli da allo. Wani mai makarantar firamare ta kuɗi ya kira ni ya ce in zo in koyar, zai riƙa ba ni naira 12,000 a wata. Na tuna masa cewa mafi ƙarancin albashi ma 18,000 ne tun 2011, na fita ko waiwaye ban yi ba. A watan Maris na 2013 na tattara na tafi Kaduna, na raɓa a ɗakin wani abokina.

Akwai kuma yarinyar da nake nema a Kurfi, mun shekara huɗu tare, iyayenta sun yi haƙuri har sun gaji. Ran nan na je ganawar neman aiki a wani kamfani, aka ce in tafi za a neme ni. Da dare Inna ta kira ni a waya ta ce, "An dace?" Wallahi ban shirya ƙarya ba. Muryarta ce na ji yadda ta rataya a kan amsata, sai bakina ya ce, "An dace, Inna." Kafin in ajiye wayar na ji guɗa. Kafin gari ya waye labari ya isa Kurfi, mahaifin yarinya ya ce tunda abin da ake jira ya samu, a turo magabata. Aka je aka sa rana, bayan Babbar Sallah da wata biyu.

Daga nan na shiga ramin da na haƙa wa kaina. Ƙarshen kowane wata sai in ci bashi in aika gida da sunan albashi. A wata na biyar masu ba ni bashi suka ƙare, na kira yarinyar na ce an riƙe mana albashi. Bayan kwana uku wani direba ya kawo mini naira 15,000 a cikin ambulan. Na karɓa na yi godiya, ban tambayi inda ta samo ba, domin wanda ruwa ya ci ko takobi aka miƙa masa kamawa yake yi.

Kullum da safe nakan sa riga mai kyau in tafi shagon intanet, in sayi awa biyu, in aika takardun neman aiki, sauran lokacin in zauna ina kallon allo. Wata rana takaici ya ishe ni, na rubuta wa Google da Turanci abin da ke raina, wato "na gama jami'a amma", ina zaton zan ga masu irin ciwona. Sai ga sunan wani fim ya fito, Daigaku wa Deta Keredo, ma'anarsa daidai da abin da na rubuta. Wani saurayi ne mai suna Yasujiro Ozu ya shirya shi a 1929 yana ɗan shekara 25, mutumin da daga baya ya zama ɗaya daga cikin manyan daraktocin duniya. Fim ɗin ya kai kimanin minti 70 a asalinsa, amma kimanin minti 11 ne kawai suka tsira. Na danna.

Ga abin da na gani. Saurayi ya gama jami'a ya je neman aiki, aka ce babu gurbi sai na mai karɓar baƙi a bakin ƙofa, ya ji an raina shi ya fita. Ya dawo masaukinsa ya tarar mahaifiyarsa ta zo daga garinsu tare da yarinyar da zai aura, suna murna ɗansu ya samu aiki. Ya kasa faɗin gaskiya, sai ya riƙa fita da safe kamar mai zuwa ofis, ya je fili ya yi wasa da yara. Tsohuwa ta koma gida da farin cikinta. Da matar ta matsa masa, sai ya nuna mata wata mujalla da ke da kalmar Lahadi a sunanta, wato shi kullum Lahadi ce a wurinsa. Abinci ya ƙare, ta je ta kama aiki a mashaya a ɓoye, ya gan ta a can, ransa ya ɓaci, daga baya ya gane shi ya jefa ta. Ya koma kamfanin nan ya ce ya yarda da ƙaramin aikin, mai kamfani ya ga ya sha wuya ya yi hankali, ya ba shi na cikakken ma'aikaci. Jama'a, na kalli abin nan sau uku, gumi yana keto mini duk da fankar da ke kaina.

Kwanakin da suka biyo baya na rage neman aiki na koma karatun Japan. Ashe abin da ya haifi irin waɗannan fina-finai shi ne zamani ya zo musu da gudu. Girgizar ƙasa ta ranar 1 ga Satumba, 1923 ta rusa Tokyo da Yokohama, ta kashe mutum fiye da dubu ɗari, aka sake gina birnin da manyan kantuna da gidajen shan kofi da na rawa. Samari suka sa kwat da hular Turawa ana kiransu mobo, 'yan mata suka yanke gashi ana kiransu moga, tsofaffi suna salati irin nasu. Sai kuma bankuna suka durƙushe a 1927, tattalin arzikin duniya ya karye a 1929, masu digiri suka cika titi, har sunan fim ɗin nan ya zama karin magana a bakin mutane. A bangon ɗakin saurayin ma hoton wani fim ne na Amurka na Harold Lloyd a manne, kamar dai yadda muke manna na 'yan ƙwallo da 'yan Indiya.

Na nemi wasu na kalla. Akwai Wakaki Hi na 1929, mafi tsufa cikin fina-finan Ozu da suka tsira, ɗalibai biyu suna son yarinya ɗaya ga jarrabawa ta ƙarato. Akwai Tokyo no Korasu na 1931, ma'aikacin kamfanin inshora da aka kora saboda ya tsaya wa wani dattijo abokin aikinsa, har ta kai shi ga ɗaukar tutar tallar gidan abinci a titi, matarsa ta hango shi. Akwai na Hiroshi Shimizu na 1933, Minato no Nihon Musume, 'yan mata biyu 'yan makaranta a Yokohama, aminan juna, wani saurayi mai babur ya shiga tsakaninsu. Saurayi mai babur fa! Na ce to wannan ai a Dutsin-Ma aka yi shi. Rigimar dai ita ce wadda muka sani a littattafan soyayya na Kano da finafinanmu na Hausa: boko da gida, so da aljihu, abin da iyaye suke zato da abin da yaro ya tarar.

Abin da ya fi tsaya mini a rai kuwa wani ne daban. Ashe Japanawa ba su taɓa kallon fina-finan nan shiru ba. A gefen allo akwai mutum a tsaye da ake kira benshi, shi ke yin muryar kowa, shi ke bayani, ya yi barkwanci, ya sa mutane kuka. Wasunsu, irin su Tokugawa Musei, sun yi sunan da mutane kan je sinima saboda su. A 1927 an ƙidaya benshi 6,818 a ƙasar, 180 daga ciki mata. Ƙarfinsu na cikin dalilan da suka sa fim mai magana ya yi jinkirin kafuwa a can: na farko da ya karɓu sosai ya fito a 1931, shi kuwa Ozu sai a 1936 ya yi cikakken nasa mai magana. Ina karantawa ina ganin Kawu da makirufo a hannu. Na kwafi ɗan guntun fim ɗin a tsohuwar kwamfutata ta makaranta, na ce in na je Sallah zan nuna masa 'yan'uwansa. Ko kaɗan ban kawo wa raina cewa wuƙar yanka kaina na ɗauka ba.

Washegarin Babbar Sallar 2013, bayan isha'i, na je gidan Kawu. Inna ma tana can, ta kai masa naman Sallah. Na ce, "Kawu, na zo maka da majigin Japan, ba ya magana." Ya ce in kunna. Rubutun Japananci yana fitowa da fassarar Turanci a ƙasa, na fara karanta masa, ya ɗaga mini hannu. "Bari. Ido ya ishe ni." Ya matso da fuskarsa dab da allon saboda ganinsa ya yi rauni, ya kalla har ƙarshe bai ce uffan ba. Sannan ya ce a kira yara, a shimfiɗa tabarma a tsakar gida, a ɗora kwamfutar a kan turmi. Yara suka zauna a gaba, matan gida da Inna a gefe. Ya ɗauki muciya ya riƙe a bakinsa kamar makirufo, ya gyara murya, ya ce in mayar da shi farko.

"Jama'a, salamu alaikum. Ga wani saurayi nan, ɗan talakawa ne, kada kwat ɗin nan ta ruɗe ku. Uwarshi ta sha wuya ya yi boko har ya ƙure ta. Ga shi ya zo neman aiki. Mai wurin ya ce mashi, 'Yaro, babbar kujera babu, amma ga ƙarama.' Ku dubi hancinshi! Ya ce shi da digirinshi? Allah ya sawwaƙe."

Yara suka fashe da dariya, ni ma na yi 'yar tawa ta dole.

"Ga tsohuwa ta iso da yarinyar da za ya aura. Ta ce, 'Ɗana, an dace?' To ku lura da bakinshi. Kalma guda za ta fito, wata bakwai za ya yi yana biyan bashinta."

Gabana ya yanke ya faɗi, domin babu wata bakwai a fim ɗin nan. Da aka nuno saurayin yana wasa da yara a fili, Kawu ya ce, "Ga ofishin nashi nan, ga ma'aikatanshi," yara har da birgima. Da aka zo wurin mashaya kuwa sai ya sassauta murya.

"Yarinyar kirki ce, kada wanda ya zage ta. Ta ga tukunya ba ta hau wuta ba, ta fita nema. A ƙasarsu haka ta samu. Da a ƙasarmu ne, akuyoyinta biyu za ta kwance, waɗanda take kiwo tun tana 'yar makaranta saboda kayan ɗaki, ta ba ƙanenta ya kai kasuwar Laraba, ta sa kuɗin cikin ambulan."

A nan ne na san inda naira 15,000 ta fito. Ban iya ɗaga kaina ba. Ina jin yara suna tafi da mai kamfani ya ba saurayin babban aiki, sai Kawu ya ce, "Nan kuma mai fim tausayinku ya ji, don ku tahi ku yi barci da daɗi. A duniya ƙaramar kujerar nan za a ba shi, in ma ya iske ba a ba wani ba. Kuma ta ishe shi, in ya zauna kanta da gaskiya. Nan majigi ya ƙare, a tashi lahiya."

Yara suka watse, Inna ta ɗauki mayafinta ta fita ba ta dube ni ba. Muka rage ni da shi. Na ce, "Kawu, tun yaushe ka sani?" Ya ce, "Tun wata na biyu. Shekara talatin na yi ina aikin gwamnati, ban taɓa ganin ma'aikacin da shugabanshi bai ɓata mashi rai ba. Kai kuwa kullum aka tambaye ka aiki sai ka ce lahiya lau." Na ce to me ya hana shi yi mini magana tun lokacin? Ya ce jira yake in kawo kaina, kuma ga shi na kawo, har da na'ura. Sannan ya ce, "Tashi ka bi uwarka."

Na same ta a kan dardumar sallah. Na durƙusa na faɗi komai. Ba ta yi faɗa ba, da ma ta yi da ya fi mini sauƙi. Cewa ta yi, "Da ka ce mani babu, da na ci gaba da roƙon Allah ya ba ka. Ka ce mani an samu, sai na koma godiya. Wata bakwai ka hana ni yi maka addu'ar da kake bukata." Har yau in na tuna maganar nan sai na ji ta a ƙirjina.

Bayan kwana biyu Kawu ya sa babbar rigarsa muka hau mota zuwa Kurfi. Wannan karon ya ce ba zai yi mini bayani ba, bakina ne ya ɓata, shi zai gyara. Mahaifin yarinyar ya saurare ni har na gama, ya yi shiru mai tsawo, ya ce an ɗage rana, in na samu abin yi komai ƙanƙantarsa in dawo. Ita kuwa mako uku ba ta ɗauki wayata ba. Ranar da ta ɗauka ta ce akuya ba komai ba ce, ana haifar wata, abin da ya ƙona mata rai shi ne na ɗauke ta wadda ba za ta iya zama da ni ba sai da albashi. Na koma wurin mai makarantar nan na cire hula, na tarar an ba wani gurbin, kamar yadda Kawu ya faɗa. Sai a Janairun 2014 wani ya samu, a kan naira 12,000 ɗin nan dai. Na tara na wata uku na sayi akuyoyi biyu na aika Kurfi. A ƙarshen shekarar aka ɗaura mana aure, kuma har yanzu koyarwa nake yi.

Daga baya na zauna na ba Kawu labarin benshi. Da ya ji ana rubuta sunayensu a takardun talla, ya yi dariya ya ce su ladarsu ƙwaryar fura ce a gidan dagaci. Na gaya masa yadda suka yi yajin aiki a 1932 da fim mai magana ya fara raba su da abincinsu, da labarin Heigo, yayan shahararren darakta Akira Kurosawa, wanda benshi ne, yana cikin jagororin yajin, ya kashe kansa a 1933. Kawu ya jima bai yi magana ba, sannan ya ce, "Allah sarki. Sana'a riga ce, in ta yage sai a sa wata." Na tambaye shi ko yakan ƙara abin da babu a fim a zamanin aikinsa. Ya ce kullum ma. Wanda ya ɗauki hoton bai san mutanen Kurfi ba, shi ya san su, ya san wanda ya hana matarsa zuwa awo da wanda ya ƙi kai ɗansa rigakafi, kuma ya san yadda zai taɓa mutum a cikin taro ba tare da ya kira sunansa ba. Ya ce makirufo amana ce, in ka tozarta mutum da ita ka rasa shi, in ka yi masa ƙarya ka cuce shi.

Yanzu hotunan duniya duka suna cikin aljihun ɗalibaina, masu fassarar finafinan Indiya zuwa Hausa sun gaji wani ɓangare na aikin Kawu, amma su ba su san mai kallo ba, shi ma bai san su ba. Taron dare a fili kuwa, a ƙauyukanmu da yawa matsalar 'yan bindiga ta sa ya zama labari. Japanawa sun yi asarar mafi yawan fina-finansu marasa magana, girgizar ƙasa ta ci wasu, yaƙi ya ci wasu, faifan ma da kansa mai saurin kama wuta ne. Duk da haka sun tattara abin da ya saura, kuma sana'ar benshi ta samu magada, irin su Sawato Midori wadda ta koya a hannun Matsuda Shunsui ta fara a 1973. Su sun tsira da minti 11 na fim ɗin Ozu. Ni ko minti ɗaya na muryar Kawu ban tsira da shi ba, alhali a daren nan akwai waya mai ɗaukar murya a aljihuna. Na yi ta cewa wata rana zan sa shi ya maimaita, har Allah ya karɓi abinsa a 2019.

Saboda haka ina roƙon duk wanda yake da tsohon ma'aikacin majigi a gidansu ko a unguwarsu, direba ne ko mai na'ura ko mai bayani, ya je ya zauna da shi tun yana da rai, ya ɗauki muryarsa. Ƙannena masu takardu a leda kuma, in Inna ta kira ta ce an dace, a gaya mata gaskiya, ta san abin da za ta roƙa. Allah ya jiƙan Kawu, ya gafarta masa, ya sa aljanna ce makomarsa, mu kuma ya kyautata namu ƙarshen. Amin.